Kanta na Kabi da Matsalar Rubuta Gwarzon Gargajiya a Fim

A shekarar 1978 marigayi Alhaji Adamu Halilu ya shirya fim a kan Muhammadu Kanta, wanda ya kafa daular Kabi, da tallafin gwamnatin Jihar Sakkwato, domin a lokacin Argungu da Birnin Kabi duk suna cikin jihar nan, ba a yanke Jihar Kebbi ba sai a 1991. Fim ɗin bai zagaya gidajen silima ba yadda finafinan Indiya suka riƙa zagayawa, saboda haka mutanen da suka taɓa ganinsa ba su da yawa. Amma tambayar da aikin ya tayar tana nan ba a gama amsa ta ba, watau yaya za a ɗauki gwarzon da ya shekara fiye da ɗari huɗu a bakin maroƙa da tsofaffi, a zaunar da shi a takarda, fitowa bayan fitowa, yadda kyamara za ta iya ɗaukarsa? Wannan lacca za ta duba tambayar nan ta fuskar marubucin fim, za ta kuma leƙa ƙasar Turkiyya, inda aka daɗe ana fama da irinta.

Adamu Halilu ya koyi aikin fim a Landan, ya kuma goge a sashen majigi na gwamnatin Jihar Arewa, inda aka riƙa shirya gajerun finafinai na wayar da kai a kan noma da tsabta da kiwon lafiya. Shekara biyu kafin Kanta, watau a 1976, ya fito da Shehu Umar, wanda aka shirya domin bikin FESTAC na 1977. Sai dai aikin Shehu Umar ya zo masa da sauƙi ta wata fuska. Abubakar Tafawa Ɓalewa ya riga ya rubuta labarin tun gasar ƙaga littattafai ta 1933, sannan Umaru Ladan da Dexter Lyndersay suka mai da shi wasan kwaikwayo a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya. Ke nan kafin labarin ya iso gaban kyamara an riga an tace shi sau biyu: akwai yaron da aka sace, akwai uwar da ta ratsa Hamada tana nemansa, kowane abu ya faru yana da dalilin da ya haife shi. Labarin Kanta kuwa ba wanda ya yi masa irin wannan tankaɗe da rairaya.

Inda labarin Kanta yake

Wanda zai rubuta Kanta yana da rijiya uku da zai ɗebi ruwa, kuma ruwansu ba ɗanɗano ɗaya ba ne. Ta farko ita ce Tarihus Sudan, wanda Abdurrahman Assa'adi ya rubuta a Tambutu wajen tsakiyar ƙarni na 17. Shi mutumin Songhai ne, don haka a wurinsa Kanta sarkin Leka ne da ya yi wa Askiya Muhammadu tawaye bayan yaƙin Agadas, wajen 1516. Ta biyu ita ce Infaƙul Maisuri na Muhammadu Bello, wanda aka kammala a 1812. Bello ya yaba ƙarfin Kabi ƙwarai, ya nuna ba a yi daular da ta kai ta a ƙasashen nan ba, ya kawo labarin yaƙin Kanta da Barno da rasuwarsa, amma kuma ya kawo maganar cewa asalinsa bawan Filani ne. Ta uku ita ce bakin Kabawa da kansu, waɗanda suke cewa ubansa Makata daga Gabas ya zo, uwarsa kuwa 'yar Sarkin Katsina ce, ya tashi cikin makiyaya, ya zama ɗan damben da ba a kai shi ƙasa, ya tara samari mabiya, har ya gina Surame da Gungu da Leka.

A wannan rijiya ta uku ne abubuwan mamaki suka taru. An ce yana da jirgin ruwa da aka lulluɓe da jan ƙarfe, mai matuƙa hamsin, wanda yake ratsa fadama da shi idan Gulbin Kabi ya cika. An ce da ana ginin ganuwar Surame ya tilasta wa Azbinawa su riƙa ɗauko ruwan kwaɓa ƙasa daga nesa a kan raƙumansu. An ce Nufawa sun makara wajen amsa kira, sai ya ce nasu yankin ganuwar da man kaɗe za su kwaɓa. Kowane ɗaya daga cikin labaran nan cikakke ne a kan kansa, ana iya ba da shi a dandali da dare a tashi, ba tare da an tambayi abin da ya gabace shi ko abin da ya biyo baya ba.

To, a nan gizo yake saƙar. Adabin baka, musamman kirari da waƙar fada, jerin gwanon nasarori yake yi. Maroƙi ba ya bukatar ya faɗi dalilin da ya sa gwarzo ya yi abu, domin masu sauraro sun riga sun yarda gwarzo ne, abin da suke so shi ne a zuga shi tsigar jikinsu ta tashi. Rubutun fim kuwa sarƙa ce ta dalili da sakamako. A al'adar masu sana'ar, shafi ɗaya na rubutu kimanin minti ɗaya ne a allo, fim na awa biyu bai fi shafi 120 ba, kuma a cikin shafukan nan dole ɗan kallo ya san abin da tauraro yake so, da abin da ya tare masa hanya, da abin da ya rasa kafin ya samu. Idan aka jera dambe, aka bi da yaƙin Agadas, aka bi da ginin Surame, aka bi da yaƙin Barno, ba tare da zaren da ya ɗinke su ba, an yi majigin tarihi ne kurum, irin wanda yara suke kallo don sukuwar dawaki, manya kuwa su yi gyangyaɗi.

Abin da ya faru a Turkiyya

Dalilin zaɓen Turkiyya a nan shi ne ƙasa ce ta Musulmi mai tarin gwarazan baka, wadda ta kafa sana'ar fim mai ƙarfi da kuɗi kaɗan, ta kuma zuba gwarazan nan a fim da yawa har aka ga amfanin abin da illarsa. Daga farkon shekarun 1920 zuwa 1939 kusan mutum ɗaya ne yake riƙe da fim a ƙasar, Muhsin Ertugrul, wanda asalinsa ɗan wasan daɓe ne, finafinansa kuma sun fi kama da wasan kwaikwayon da aka kafa wa kyamara. Al'amura sun sake a 1948, lokacin da aka rage harajin da ake ɗora wa finafinan gida zuwa kashi 25 cikin ɗari, aka bar na waje a kashi 70. Nan da nan kamfanoni suka cika wani titi na Santambul mai suna Yeshilcam, wanda sunansa ya zama sunan sana'ar baki ɗaya. A 1972 ƙasar ta fitar da fim kusan 300 a shekara guda.

Irin wannan gaggawa ita ta tsara yadda ake rubutu. Dillalan fim na larduna, irin na Adana, su suke ba da kuɗi tun kafin a fara aiki, su kuma suke faɗin tauraron da suke so da irin labarin da jama'arsu za su biya su kalla. Marubuci ɗaya yakan riƙe labari biyu ko uku a lokaci guda. Safa Onal shi kaɗai an yi fim 395 daga rubutunsa. Ga kuma dokar tace finafinai ta 1939, wadda ta sa ana duba rubutu tun kafin a ɗauka, a kwamitin da 'yan sanda da soja suke da kujera. Marubucin da ya taɓa zaluncin mai gona ko na jami'in gwamnati yana iya rasa aikinsa duka. Wanda ya koma shekaru ɗari bakwai baya ya ɗauko mai takobi, ba mai tsayar da shi.

Gwaraza biyu sun isa misali, kuma ɗan wasa ɗaya ne ya fito a matsayinsu, Cuneyt Arkin, watau Junaidu, likitan da ya bar asibiti ya koyi tsalle-tsalle da hawan doki. Na farko shi ne Koroglu, ma'anar sunan Ɗan Makaho. Ubansa mai kula da bargar Sarkin Bolu ne, aka aike shi ya zaɓo doki, ya zo da wani ɗan dukushi maras kyan gani, sarki ya fusata ya sa aka makantar da shi. Dukushin nan shi ya girma ya zama Kirat, dokin da ba a cim masa, ɗan kuma ya hau dutse ya tara mutane, yana yaƙi yana waƙa. Da Atif Yilmaz ya yi fim ɗinsa a 1968, da rubutun Ayshe Shasa, labarin ya riga ya zo da ƙashin bayansa: an yi zalunci a fitowar farko, mai zaluncin kuwa ɗan gida ne, Baturke Musulmi kamar wanda ya zalunta. Na biyu shi ne Battal Gazi, wanda asalinsa wani sarkin yaƙin Banu Umayya ne da ya mutu a yaƙi da Rumawa a shekarar 740, baki ya raya shi ya mai da shi gwarzon Malatiya. Fim ɗinsa na 1971 ya yi kasuwa, aka bi shi da wasu uku zuwa 1974. A cikinsu abokin gaba baƙo ne, Barume, kuma da tafiya ta yi nisa sai ya zama ba shi da wani hali illa mugunta da shan giya da tsoro. Gwarzo ya yi tsalle daga ganuwa, ya kar da mutum arba'in, a sake wata ganuwar a sake wasu arba'in. Turkawa na baya sun riƙa kallon irin waɗannan finafinai suna dariya, ko da yake dariyar tana haɗe da ƙauna.

Bambancin a fili yake. Inda rigimar take cikin gida, marubuci ya sami mutane da zai rubuta. Inda aka tura ta waje, aikin ya koma hannun mai koya wa 'yan wasa faɗa.

Fitowar da ta fi kowace

Labarin Kanta yana ɗauke da hanyoyin nan biyu, kuma wadda ta fi jan hankali ita ce ta Battal. Ga dambe, ga Songhai, ga Barno, ga dawaki da lifidi da sulke. Amma fitowar da ta fi kowace daraja ga marubuci ba ta da doki ko ɗaya, kuma abin mamaki a littafin abokin gaba take. Assa'adi ya nuna cewa da aka komo daga Agadas Kanta ya zuba ido a ba shi rabonsa na ganima, bai ga kome ba. Ya je ya tuntuɓi Dandi-fari, babban hakimin Askiya na yankin Dandi, shi kuwa ya gargaɗe shi cewa wanda ya nemi irin wannan abu wurin sarki ɗan tawaye za a ɗauke shi. Kanta ya yi shiru ya koma. Sai mutanensa suka zo suna tambayar nasu rabon. Ya shaida musu ya nema an hana, ba zai sake nema ba sai in sun yarda su tsaya tare da shi, suka amsa sun yarda a kira su 'yan tawaye gaba ɗaya. Daga nan ya koma ya sake nema, aka sake hanawa, aka gwabza.

A lura da shirun nan na tsakiya. Mutumin da kirari ya nuna ba ya shakkar kowa, a nan ya haɗiye maganarsa ya fita, domin ya san nauyin daular da ta mallaki Gawo da Tambutu da Jenne. Bai motsa ba sai da na ƙasa da shi suka matsa masa, sannan ma sai da ya ɗaure su da alkawari. Wannan ɗan siyasa ne mai lissafi, wanda yake tsakanin sarkin da ya fi ƙarfinsa da mabiyan da za su watse idan ya kasa ciyar da su. Duk ma'aikacin da ya taɓa tsayawa tsakanin na sama da shi da na ƙasa da shi a kan hakkin da aka danne ya san wurin nan. Fitowa uku ce a ɗaki ko a tanti, ba ta cin kuɗi, amma ita za ta sa ɗan kallo ya damu da wanda zai ci yaƙin da ya biyo baya. Askiya ya aiko da runduna ba ta yi nasara ba, daga baya kuma Askiya Muhammadu Bankan, wanda ya yi sarauta daga 1531 zuwa 1537, ya zo da kansa ya sha kashi.

Daga nan sai a ɗauko labaran ginin Surame a ajiye su kusa da wannan. Mutumin da ya yi tawaye saboda an sa shi aiki an hana shi rabo, shi ne yanzu yake sa Azbinawa jigilar ruwa, yake sa Nufawa su zubar da man da za su ci a cikin laka. A bakin mai ba da labari waɗannan abubuwan alfahari ne, alamar ƙasaita. A allo kuwa za a ga fuskar Ba'azbinen da ke jan raƙumi, za a ga gumin mai kwaɓa, ɗan kallo kuma ba zai rasa tuna Dandi-fari ba. Marubucin da ya gane wannan ya sami zaren da ake nema: yadda wanda ya ƙi a danne shi ya koyi danniya. Wanda ya tsorata ya yanke wuraren nan, ko ya mai da su abin dariya a kan Nufawa da Buzaye, ya koma turbar Battal, kuma Nufawa da Buzayen nan suna cikin 'yan kallo.

Haka kuma labarin da aka ce shi ne asalin maganar nan, dariya ba loto. An ce a wani kewaye da abokan gaba suka yi wa birnin, da mayaƙa suka ƙaranta, aka jingina gawawwaki a kan ganuwa da bakunansu a tsage kamar masu dariya, maharan suka hango dakaru suna yi musu dariya dare da rana, suka karaya suka janye. Ba a bukatar kalma ko ɗaya a fitowar nan, hoto ya wadatar, irinta marubutan fim suke nema ido rufe. Sai dai baki yana iya tsallake tambayar da kyamara ba za ta tsallake ba: gawar wa aka tsaga, wa ya riƙe wuƙar, uwar mamacin tana ina?

Kyamara ba ta san wai ba

Mai ba da labari da baki yana da mafaka a kalmomin wai da an ce. Yana iya kawo maganar Bello, ya kawo ta Kabawa, ya ce Allah ne masani, ya wuce. Fim ba shi da wannan mafaka, domin idan aka nuna haihuwar Kanta dole a nuna ɗakin da aka haife shi da tufafin uwarsa, ko na 'yar sarki ko na baiwa. Zaɓin kuwa ba na tarihi kaɗai ba ne. Bello ya rubuta littafinsa shekara bakwai bayan da rundunar jihadi a ƙarƙashin Abdullahi ɗan Fodiyo ta ci Birnin Kabi a 1805. Kabawan da suka ƙi miƙa wuya suka kafa a Argungu, aka kashe Sarkinsu Karari a 1831, ɗansa Yakubu Nabame ya sake ɗaga tuta a 1849, aka yi ta gwabzawa, in ban da 'yan shekarun Lafiyar Toga, har zuwan Turawa. Ziyarar da Sarkin Musulmi Hassan ɗan Mu'azu ya kai Argungu a 1934, wadda daga gare ta bikin kamun kifi na Matan Fada ya ɗauki siffar da aka san shi da ita, ita ce alamar binne wannan gaba. A yau fadar Sarkin Gwandu tana Birnin Kabi, ta Sarkin Kabi tana Argungu, a jiha ɗaya, da ma'aikatar al'adu ɗaya. Jami'in da aka kawo wa takardar neman kuɗin fim ɗin Kanta ya san duk wannan, abin da zai fi kwanta masa a rai kuwa shi ne rubutun da ba ya taɓa kowa. Irin wannan taka tsantsan ɗin yana iya yi wa marubuci abin da kwamitin tacewa ya yi wa marubutan Santambul, ba tare da an kafa wata doka ba.

Akwai mafita, kuma a cikin gida take. Ruwayoyin biyu sun haɗu a wuri ɗaya, watau dukkansu sun sa Kanta a tsakiyar Filani makiyaya tun yana ƙarami. Ana iya buɗe fim da saurayi a ruga, wasu suna ce masa ɗan sarki, wasu suna ce masa bawa, a bar gardamar ta zama ita ce ƙayar da take sukarsa har ya girma. Ko kuwa a ari dabarar Shehu Umar, inda malami yake zaune yana ba almajiransa labari, a sa masu ba da labari biyu, malami da littafinsa, maroƙi da gangarsa, kowa ya ja nasa. A maƙwabta ma an ga yadda marubuci yake cike giɓi: Abdullahi Mamani na Nijar ya ɗauki ɗan abin da baki ya riƙe game da Sarauniya Mangu ta Lugu, a ƙasar Arewa kusa da Dogon Dutsi, wadda ta yi tsayayya da rundunar Faransawa a 1899, ya ƙaga mata ƙuruciya da mai reno a littafinsa na 1980, Med Hondo ya mai da shi fim a 1986, ya ci babbar kyautar bikin finafinai na Wagadugu a 1987.

Sauran ƙananan abubuwa aikin bincike ne. Kanta da ya buɗe baki da Kananci ya ɓata wa Bakabe rai tun a minti na farko, sai a ji wanga da mi da shina a bakinsa. Bai kamata a ga masara ko rogo ko gyaɗa a kasuwar Surame ta 1516 ba, domin daga nahiyar Amurka aka kawo su daga baya. Makamai da tambura suna nan a Gidan Tarihi na Kanta da ke Argungu, tsohuwar fadar da aka mai da gidan tarihi a 1958. Kufan Surame, wanda aka bari a farkon ƙarni na 18 lokacin da Tomo ya koma Birnin Kabi, yana cikin Jihar Sakkwato da ragowar ganuwarsa ta dutse.

Ƙarshen labarin kuwa Bello ya riga ya ba da shi. Kanta ya bi rundunar Barno har Nguru ya ci nasara. A kan hanyar komowa ya biyo ta ƙasar Katsina, ya tsaya ya hori mutanen wani wuri da ake kira Dugul, waɗanda suka yi masa tawaye. A nan kibiya ta same shi, ya rasu a Jirwa, mutanensa suka ɗauko gawarsa zuwa Surame. Askiya bai kashe shi ba, Mai na Barno bai kashe shi ba, wasu talakawan ƙauye ne da suka ƙi biyayya, kamar yadda shi ma ya ƙi shekaru kusan arba'in kafin nan. Ba a riƙe sunan maharbin ba, saboda haka marubuci yana da damar ya ba shi fuska, ya kuma shigo da shi tun da wuri, watakila a cikin masu kwaɓa ƙasa a gindin ganuwar Surame.